Likkafanin Da Na Kai Meziko

Tun da na dawo ba a bar ni na zura zare a allura cikin kwanciyar hankali ba. Duk wanda ya biyo ta gaban shagona a Rijiyar Lemo sai ya leƙo: "Nasiru na Meziko, ya ƙasar? Da gaske kowa da bindiga yake yawo? Ka shiga babban filin ƙwallonsu?" Ni kuwa sai in ce lafiya lau, in ci gaba da taka keke. Ba rowar labari nake yi ba. Akwai wadda ya kamata ta riga kowa ji, kuma sai da na shafe wata biyu kafin na iya buɗe baki a gabanta. Yanzu ta ji. Don haka ga shi na rubuta sau ɗaya, wanda ya karanta ya faɗa wa wanda bai karanta ba, a bar ni in huta.

Ga wanda bai san mu ba, mu biyu ne maza a ɗakin Inna. Ni ne na fari, ni tela ne. Sabi'u ne auta, shi ɗan ƙwallo ne, ɗan baya mai lamba huɗu, dogo har sai ya sunkuya kafin ya shiga ɗakin Inna. A filayen Fagge da Sabon Gari Katanga ake ce masa. Yana da aboki tun na firamare, Emeka, haifaffen Sabon Gari, wanda in yana Hausa a bayan labule ba za ka ce ba ɗan Fagge ba ne. Emeka ne ya fara tafiya Meziko. Ƙwallo ba ta karɓe shi ba, ya yi aure a can arewacin ƙasar, ya kama gyaran mota. Shi ya tura bidiyon Sabi'u ga kocin wata ƙaramar ƙungiya, kocin ya ce a kawo shi. Shekara biyu Sabi'u yana can. Wata safiya ana tsakiyar atisaye ya dafe ƙirji ya zauna a ƙasa, bai sake tashi ba.

Ranar sadakar uku, bayan la'asar, muna zaune a rumfa a ƙofar gida, wayata ta yi ƙara. Kocin ne. Turancina na sakandare ne wanda ya daɗe a ajiye, nasa kuwa ko nawa ya fi shi kyan gani. Ga janareton maƙota, ga masu gaisuwa suna miƙo min hannu ɗaya bayan ɗaya. Abin da kunnena ya tsinta shi ne ɗan'uwanka, gida, uwa, sai wata doguwar kalma da ban taɓa ji ba. Da ya kai aya ya ce, "Oke?" Na ce, "Oke." Ya sake maimaita zancen a hankali, ya ce, "Oke?" Na ce, "Oke, oke." Ya yi na uku, na amsa, na kashe wayar don liman ya ɗaga hannu za a yi addu'a. Abin da na fahimta, na kuma shiga na faɗa wa Inna, shi ne tunda babu Musulmi a garin za su ajiye shi a ɗakin sanyi har wani nasa ya zo.

Inna ba ta kiran sunana, saboda ni ne ɗan fari. Ta ce, "Kai wannan, ka je ka wanke ɗan'uwanka da hannunka. Kada a jefa min shi rami kamar wanda ba shi da kowa. Ka kwantar da shi a kan damansa, ka juya fuskarsa alƙibla, ka dawo ka faɗa min." Ta ɗaure min ganyen magarya da kafur a leda don ruwan wanka. Ni kuma na shiga Kantin Kwari na yanko alawayyo fari sol. Ban nemi tef ba, awon Sabi'u a kaina yake, ni nake ɗinka masa kayan Sallah tun yana ɗan shekara bakwai. Na ƙara kamu biyu saboda tsawonsa.

Biza ta ci mini sati biyar da zuwa Abuja sau uku. Kullum akwai takardar da ta rage, in ka kawo ta a ce sai an fassara ta, in an fassara a ce sai an buga mata hatimi. Duk dawowa Inna za ta ce, "Yana nan dai cikin sanyin?" In ce yana nan. Emeka kuwa, wanda da in ya kira ka sai cajin wayarka ya ƙare, ya koma mai gajeriyar magana. Ko me na tambaye shi sai ya ce, "Yaya, ka zo dai." Na ɗauka baƙin ciki ne.

Ana gobe zan tashi na ratsa ta Bata na shiga Sabon Gari wurin mahaifiyar Emeka. Ta riƙe hannuna biyu tana kuka. "Sabi'u ɗana ne. Nan yake zama ya cinye min shinkafa, in ce ba ka da gida ne, ya ce Mama nan ma gida ne." Ta ba ni ƙunshin busasshen kifi da agushi in kai wa ɗanta. Ni ma na saka kilishi don hanya, don an ce min can komai da alade ake dafa shi.

Jirgin farko ya sauke mu a Turkiyya. Filin jirginsu gari guda ne. Na yi ta bin kibiya har na dawo inda na fara, sai Allah ya haɗa ni da wani Alhaji ɗan Kwari da ya zo sarin kaya, ya ga hulata ya ce, "Malam, kai ma ɓata ka yi ko?" Shi ya raka ni har ƙofar da zan shiga. Jirgi na biyu kuwa na zauna har ƙafafuna suka daina zama nawa. Rana ta ƙi faɗuwa, agogona ya ce magariba, taga ta ce azahar, na rasa wace sallar ake bi na, na yi ta yin su a zaune da nuni. Da jirgin ya shiga gargada ina hailala, tsohuwar da ke gefena tana zana gicciye a ƙirjinta. Da ya lafa muka kalli juna, ta miƙo min alewa.

A bakin shiga ƙasar aka ware ni zuwa wani ƙaramin ɗaki. Wani kare ya zo ya zauna a gaban jakata kamar an aiko shi. Aka buɗe. Kilishi ya tafi, kifin Mama ya tafi, agushi ya tafi. Ban damu ba sai da jami'ar ta ɗaga ledar magarya ta shinshina ta kira abokin aikinta. Na yi Turanci, na yi Hausa, na yi da hannu, ita kuwa ta nuna min hoton ganye da aka ja wa jan layi a bango. Dokarsu ce, ba a shiga da ganye. Sai ta zaro likkafanin ta fara warware shi a kan tebur, yana ta zuwa, yana ta zuwa, tana kallona. Na ciro hoton Sabi'u a waya na nuna mata, na rufe idona, na kwantar da kumatuna a tafin hannu. Ta daɗe tana kallon hoton. Da kanta ta ninke yadin, gefe da gefe, ta mayar cikin jaka ta ɗora kafur a kai. Magaryar dai ba ta dawo ba.

Emeka na jira a waje. Ya yi ƙiba, ya tara gemu. Ya rungume ni ya ce, "Yaya, ya haƙuri," amma idonsa na kan jakata. Na ce masa kare ya cinye saƙon Mama, ko murmushi bai yi ba. Muna tafiya zuwa tasha na ji numfashina yana yankewa kamar na hau bene hawa goma. Ya ce garin ne a kan dutse yake, kowa haka yake yi da farko.

Tashar motarsu ta ba ni kunya a madadin tamu. Ba ɗan kamasho mai fizgar jaka, kowa da lambar kujerarsa, motar kuma ta tashi a kan lokaci alhali ba ta cika ba. Na ce wa Emeka wannan direban a Kano kwana biyu zai yi a kore shi. Tun hantsi muke tafiya har la'asar sakaliya. Sojoji sun tsayar da mu sau biyu, sun leƙo, sun daɗe a kaina saboda hula da kaftani, suka wuce. Inda aka tsaya cin abinci Emeka ya tsare mai sayarwa da tambaya, ashe ko waken da kitsen alade suke soya shi. Na ƙare da gasasshiyar masara da aka shafa wa lemon tsami da barkono. Sai ga wata mata da babbar kwalba cike da jan ruwa. Na kurɓa na ce, "Emeka, wannan ai zoɓo ne." Ya ce zoɓo ne, har tsamiya suna da ita, Sabi'u kullum sai ya sha. Na tsallake teku na zo na tarar da zoɓo, na kuma kasa shanye kofin.

Da muka koma mota na fara tsara masa aiki. Na ce gobe da sassafe mu je asibitin, a nema mana tebur da ruwa mai ɗumi, tunda babu kowa shi zai riƙe min buta, Allah ya ga lalura. Na ce ko ya san inda za mu sami itace ko fasassun tukwane na rufe kabari. Yana ta kallon taga. Can ya ce, "Yaya, mu fara zuwa gidan Furofe tukuna." Furofe shi ne yadda 'yan ƙwallon can suke kiran kocinsu, kamar mu ce Malam.

Garin ƙarami ne, gidaje masu launi-launi, coci a tsakiya. Furofe na tsaye a ƙofar gidansa. Mutum ne mai kusan shekara sittin, gajere mai faɗin ƙirji, hancinsa ya karkace gefe, yana jan ƙafar hagu. Ya sa baƙar riga. Ya kama hannuna da hannu biyu ya ce da Hausa, "Sannu." Matarsa ta fito tana share ido. Suka shigar da ni falo.

A kusurwar falon akwai tebur da farin mayafi. An kunna kyandirori, an zuba furanni, ga hoton Sabi'u yana dariya, ga rigarsa mai lamba huɗu a ninke, ga kofin zoɓo cike. Emeka ya ce a hankali haka suke yi wa mamacinsu, sun yi masa addu'ar kwana tara, duk unguwar ta zo. Na ce a raina to, kowa da nasa, mu ma muna da uku da bakwai da arba'in. A tsakiyar teburin akwai wani akwatin katako mai sheƙi, bai kai kan keken ɗinkina girma ba. Furofe ya ɗauko shi da hannu biyu, ya zo gabana, ya miƙo min.

Na ce wa Emeka, "Kayansa ne?"

Emeka ya durƙusa a ƙasa. Ya ce, "Yaya, Sabi'u ne. Ƙona shi aka yi. Tokarsa ce."

Ban san na karɓa ba sai da na ji nauyinsa a hannuna, nauyin da bai kai na mudun shinkafa biyu ba. Na tuna na yi salati. Na tuna na faɗi maganganu da Hausa waɗanda ba zan rubuta ba, Emeka bai fassara ko ɗaya ba, amma ba a bukatar tafinta don a gane zagi. Matar ta toshe bakinta da gyale. Furofe ya tsaya hannuwansa a sake, yana kallon Emeka, yana kallona, kamar wanda ya kawo kyauta aka mare shi.

Na ce ba zan kwana a gidan ba. Emeka ya ce ɗakin da aka tanadar min na Sabi'u ne, a bayan gidan yake, nan ya zauna shekara biyun nan. Na shiga da akwatin na rufe ƙofa. Dardumarsa na nan a shimfiɗe, ya yi alama da biro a bango inda alƙibla take. Takalman ƙwallonsa na bakin gado da busasshen taɓo. Shaddar da na ɗinka masa ta ƙarshe na rataye, ko wanki ɗaya ba ta sha ba. Kwana biyu na yi a ɗakin. Matar Furofe takan ajiye abinci a bakin ƙofa cikin wata tukunya da aka ɗaura wa jan zare a hannu. Daga baya na ji tukunyar Sabi'u ce, ita kaɗai ce alade bai taɓa shiga ba, saboda shi ta saye ta. Ban taɓa abincin ba.

Emeka ya faɗa min nasa ta bayan ƙofa. Labarin rasuwar ya same shi a makare, ya kamo hanya, tafiyar kwana biyu ce daga inda yake, rabin hanyar ba sabis. Kafin ya iso an gama. "Na ɗauki waya in faɗa maka ya fi sau ashirin, Yaya. In na tuna Inna sai bakina ya mutu."

Da safiyar kwana na uku na fito. Na ce a kai ni wurin mutumin. Yana filin atisayensu, fili ne mai ciyawa rabi ƙasa rabi, bai fi wasu filayenmu ba. Ya sallami 'yan wasan ya zo muka zauna a benci, Emeka a tsakiya. Na ce, "Tambaye shi wa ya ba shi izinin ƙona min ɗan'uwa."

Emeka ya tambaya. Furofe ya amsa da kalma ɗaya, ya nuna ni. Emeka ya sunkuyar da kai ya ce, "Wai kai ne, Yaya. Wai ya tambaye ka sau uku, sau uku ka ce oke."

Sai rumfar ƙofar gidanmu ta dawo min, da ƙarar janareto, da doguwar kalmar nan. Ashe ita ce ƙonawa.

Bahaushe ya san "to" ba guda ɗaya ba ce. Akwai to na yarda, akwai to na ji ka, akwai to ci gaba ina saurare, akwai to ya zan yi, akwai wadda ake faɗa don kawai mai magana ya yi shiru. Mu muna rarrabe su da kunne tun muna goye. Ni ranar nan to ta mai makoki nake yi, wadda ake yi wa duk wanda ya buɗe baki, sai na juya ta zuwa Turanci ta zama oke, ita kuwa oke fuska ɗaya gare ta. Na yi ƙoƙarin bayyana wannan, Emeka ya yi ta fama da Sifaniyanci. Furofe ya ce ya san kalmar, Sabi'u ne ya koya masa. Duk abin da ya ce masa a fili sai Sabi'u ya ce, "To, Furofe," kuma ya aikata. Ya taɓa tambayarsa ma'anarta, ya ce masa oke ke nan.

Furofe ya ce asibiti sun gaya masa ba za su iya riƙe gawar da daɗewa ba, ɗaukar ta zuwa Kano kuwa ya bi ofis-ofis ya ga abin ya fi ƙarfinsa. A wurinsu wanda ya mutu nesa da gida haka ake yi masa don ya koma hannun uwarsa. Shi ma da mahaifinsa ya rasu haka ya yi wa gawarsa. Sabi'u ya gaya masa ba ya cin alade, ba ya shan giya, yana azumi, yana sallah sau biyar. Amma ɗan shekara ashirin da biyar ba ya zama ya gaya maka yadda yake so a binne shi.

Daga nan sai ya fara wani zance da na ɗauka kauce wa magana yake yi. Ya ce shi ɗan magini ne, a irin wannan filin ya taso. Shekara goma sha shida ya yi yana tsaron baya. Ƙungiya bakwai ya bugawa, yawancinsu ƙanana, hancinsa ya karye sau uku. Kakar wasa biyu kacal ya yi a babban rukuni. A wasan ƙarshe na kaka ta biyu, wanda in sun yi canjaras sun tsira, aka ɗago ƙwallo sama ana dab da tashi. Golansa ya yi ihu daga baya. Cikin hayaniyar 'yan kallo shi ya ji "taka ce", ashe "tawa ce" golan ya ce, har ya fito. Ya sa kai ya mayar da ita baya inda yake zaton golan na tsaye. Ta shiga raga. Ƙungiyar ta faɗa ƙaramin rukuni, ba ta sake hawowa ba. Ya ce har yau in ya je garin akwai masu tofar da yawu, ba wanda ya tuna ƙwallo nawa ya cire a shekara goma sha shida.

Bayan nan gwiwarsa ta lalace, aka yi aiki sau biyu ba ta gyaru ba. Ya koyar da ƙananan ƙungiyoyi, ya yi mataimakin koci, aka ba shi koci aka kore shi, aka sake ba shi aka sake kora, har sau huɗu. A tsakani ya ja tasi. Ya ce abu ɗaya ya ɗauka daga wancan wasan ya riƙe duk tsawon koyarwarsa: ba ya yarda da magana ɗaya. Duk umarnin da ya bayar sai ya maimaita sau uku, sai an amsa masa sau uku. 'Yan wasansa har dariya suke masa a kai. Ya juyo ya kalle ni, idonsa ya yi ja. "Shi ya sa na tambaye ka sau uku."

Na zo da niyyar in tsine masa. Na zauna a bencin nan na rasa wanda zan tsinewa. Na ji tausayinsa, na ji haushin kaina da na ji tausayinsa, sai kawai na kifa kai a gwiwa na yi kukan da ban yi ba tun ranar rasuwar.

Na kira limamin unguwarmu na faɗa masa, na roƙe shi ya riƙe a cikinsa. Ya daɗe yana salati. Ya ce, "Nasiru, ka binne abin da ya rage, ka yi masa abin da za ka iya. Wanda ya halicce shi bai ɓata masa ba." Da Furofe ya ji ba zan tafi da akwatin gida ba sai ya rikice. Ya ce don ya koma wurin uwarsa ya yi duk wannan. Na ce wa Emeka ya gaya masa in na ajiye wannan akwatin a gaban Inna, gawa biyu za mu yi.

Maƙabartarsu kamar unguwar masu hali take, gine-gine da fenti da gumaka. Mai gadin ya nuna mana wani bango mai ramuka kamar kantar shago, nan ake saka irin waɗannan akwatunan. Na ce ƙasa nake so. Aka yi ta kai da komowa, Furofe ya shiga ofis ya fita, aka ba mu wata kusurwa a jikin katanga. Na duba alƙibla a waya, ta nuna arewa maso gabas, daidai da alamar biron da Sabi'u ya yi a bangonsa. Mai haƙa ya kawo shebur zai yi ɗan rami kamar na shuka. Na zana masa a ƙasa kabari irin namu, uwa da 'ya, babban rami da ƙarami a cikinsa, tsawon mutum. Ya kalli akwatin ya kalli zanen ya ɗaga kafaɗa. Furofe ya karɓi shebur ɗin ya shiga da gurguwar gwiwarsa. Aka yi aka yi ya fito ya ƙi, har ya gama.

Na shimfiɗa likkafanin a kan ciyawa. Na barbaɗa kafur ɗin Inna. Yadin da na yanka wa mutum mai sunkuyawa a ƙofa, har da ƙarin kamu biyu, na naɗe shi a kan abin da na iya riƙewa a hannu ɗaya. Na yi ta naɗawa yana ta raguwa. A duk shekarun da na yi ina ɗinki ban taɓa yanka abin da ya yi wa mai shi yawa haka ba.

Na tsaya ni kaɗai na yi kabbara huɗu. Da na yi sallama na waiga, sai na ga 'yan ƙungiyar duka sun jeru a bayana a layi ɗaya, kafaɗa da kafaɗa, hannu a ƙirji. Emeka ne ya jera su, ya ga yadda ake yi a Fagge tun yana yaro. Na kwantar da Sabi'u a dama, na juya abin da nake kira fuskarsa. Muka rufe da katako, muka tura ƙasa. Ranar na ci abincin tukunya mai jan zare.

Da zan tafi Furofe ya ba ni rigar mai lamba huɗu. Ya ce zai riƙa share wurin, kuma ba zai sa gicciye ba. Ya faɗa sau uku. Na buɗe baki zan ce to, na kama kaina, na ce wa Emeka ya gaya masa na ji, na gane, na yarda, na gode.

Dawowa ba ta da labari. Na sauka Kano da rana tsaka, na shiga gida, Inna na zaune a tabarma. Ta ce, "Ka yi?" Na ce, "An binne shi, Inna, a kan damansa, yana kallon alƙibla, ni na yi masa sallah." Duk gaskiya ne. Ta yi hamdala, ta sa min albarka har na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Amma uwa ba ta ƙoshi da labarin ɗanta. Yau ta ce, "Fuskarsa ba ta canza ba?" In ce ana kira na a waya. Gobe ta ce, "Magaryar ta isa?" In ce ai kafur ɗin ma ya yi ƙamshi. Na daina cin abinci a gida. Mahaifiyar Emeka ta zo gaisuwa, ɗanta ya riga ya faɗa mata, ta zauna ta kasa haɗa ido da Inna, ta tashi ba ta sha ruwan da aka kawo mata ba. A zaure ta kama hannuna ta ce, "Nasiru, uwa ce. Kada ta ji a bakin wani."

Ranar wata Juma'a bayan an sauko na sami Inna tana tsince shinkafa a faranti. Na zauna a ƙasa a gabanta. Na faɗa mata tun daga wayar ranar uku, da doguwar kalmar, da oke ɗin da na ce, da akwatin, da mutumin da ya shiga rami da gurguwar ƙafa. Ban rage komai ba, ban ɗora wa kowa ba. Na ce, "Inna, ban wanke shi ba. Ba abin da zan wanke. Da bakina aka ƙona shi."

Hannunta ya tsaya a cikin shinkafar. Ba ta yi kuka ba, ba ta kalle ni ba. Muka zauna har inuwar katanga ta iso kan tabarmar. Sannan ta ɗauke wani ɗan tsakuwa daga farantin ta ajiye a gefe, ta ce, "To."

Shekarata arba'in da ɗaya ina jin Hausa, a bakinta na koye ta. Kullum da safe ina shiga in gaishe ta, tana amsawa, tana tura min koko. Har yau ban san wace "to" ce ta faɗa min ba, kuma ba ni da ƙarfin halin da zan tambaye ta sau uku.